Daga Dutsen Abzin Zuwa Bakin Teku: Shirin Tafiya Da Mahaifina

Shekara kusan 40 ke nan ana kiran mahaifina Mai Kifi a fadar da yake shan shayi bayan la'asar, nan cikin tsohon garin Agadas, ba nesa da babban masallaci ba. Bai taɓa jefa ƙugiya a ruwa ba, bai kuma taɓa sayar da ko tarwaɗa ɗaya ba. Direban kamiyo ne, albasar lambunan Abzin yake kaiwa kurmi, ya komo da shinkafa da sukari daga tashar jiragen ruwan Kwatano. Laƙabin ya samo asali daga wani labari da ya dawo da shi cikin shekarun 1980. Ya ce suna zaman jiran lodi, kwanaki suka yi yawa, sai wani masunci da suka saba ya ɗauke shi cikin kwalekwale mai inji suka shiga teku. Yana cikin amai yana da-na-sanin fitowa, sai ya ga wani abu kamar hayaƙi ya tashi daga ruwa, bayansa wani baƙin doro ya bayyana wanda bai gaza tirelarsa tsawo ba. Can sai abin ya ɗaga wani farin fiffike sama, ya maka shi a kan ruwa har ƙarar ta iso gare su.

Mutanen fada suka ce kifi mai hayaƙi an ji an bari, kifi mai tsawon tirela ma ba a musu, tun da an san wanda ya haɗiye Annabi Yunusa, alaihissalam, amma kifi mai fiffike kam sai dai in zazzaɓin kurmi ne ya taɓa shi. Tun daga ranar sunan ya bi shi. Ina yaro, idan aka aike ni fadar aka ce ga ɗan Mai Kifi, nakan ji kamar ƙasa ta tsage in shige. Ban taɓa faɗa masa ba, amma ni ma ina cikin waɗanda ba su yarda ba.

Sai da na je Yamai karatun labarin ƙasa a Jami'ar Abdou Moumouni na ci karo da hoton abin a wani littafi. Dabbar da Faransawa ke kira balen ce, irin mai doro. Duk da laƙabin da aka ba mahaifina, ita ba kifi ba ce: da huhu take numfashi, haihuwa take yi, tana kuma shayar da ɗanta nono. Hayaƙin da ya gani tururin numfashinta ne, wanda take fesowa ta hancin da ke saman kanta. Babbarta takan kai mita 14 zuwa 15, nauyinta kuma tan 30 ko fiye. Fiffiken da ya jawo masa dariya kuwa shi ne babbar alamar da masana ke gane wannan iri da ita, domin hannuwanta na iyo sukan kai kusan kashi ɗaya cikin uku na tsawon jikinta, har sunan da aka ba ta a ilmance, Megaptera, ma'anarsa mai babban fiffike. Kowace shekara sukan baro ruwan ƙanƙara na kudancin duniya, inda suke kiwo, su hauro gaɓar Gabon da Benin da Togo don barbara da haihuwa, ana kuma ganinsu a can daga wajen watan Agusta zuwa Oktoba. Na rufe littafin na daɗe zaune. Mutumin bai ƙara ko gishiri a labarinsa ba.

Da na dawo hutu na kai masa kwafin hoton. Ya duba, ya ce, “Ita ce.” Ya ninke takardar ya sa a aljihu, bai kuwa kai ta fada ba. Da na tambaye shi dalili, sai ya ce, “Mushe, hoton da Bature ya ɗauka a ƙasar da ban sani ba, wa zai zama shaidata a ciki?” Tun ina ɗalibi yake tsokanata da sunan Mushe, har Allah ya sa na zama malamin kwaleji sunan ya tabbata.

Maganar nan tasa ta zauna mini a rai, ta kuma haɗu da wata damuwa da na samu a aji. Ina koyar da labarin ƙasa ga yaran da aka haifa a gindin Abzin, amma in na tambayi waɗanda suka taɓa zuwa Timiya, hannu biyu ko uku ke tashi, su ma don can ne garin kakanninsu. Hotunan da nake nuna musu na ƙasarsu kusan duka baƙi suka ɗauke su, a zamanin da jiragen sama ke tasowa daga Faransa kai tsaye su sauke masu yawon buɗe ido a Agadas, kuma gasar motoci ta Paris-Dakar ke ratsa Tenere. Tawayen 2007 zuwa 2009 ya karya wannan kasuwa, sace ma'aikata 7 da aka yi a Arlit cikin Satumban 2010 ya ƙarasa ta. Direbobi da ƴan jagora suka watse, wasu suka koma jigilar matafiya zuwa Libiya, wasu suka bi zinariyar Jado da Cibarakaten da ta ɓullo a 2014. Baƙi sun daina zuwa, mu kuma ƴan gida ba mu fara zuwa ba. Hukumar UNESCO ta sa gandun Abzin da Tenere cikin kayan gadon duniya tun 1991, ta ƙara da tsohon garin Agadas a 2013, amma gadon da magadansa ba su taɓa gani ba, da me za su riƙe shi?

Saboda haka na shiga adashi da abokan aiki, da kwasata ta zo na sayi kyamara ta hannu, na fara zana tafiya mai zango biyu: a zaga dutse a ɗauki hotuna, sannan a gangara teku a nemi balen. Ina cikin wannan lissafi likitan ido ya duba mahaifina ya ce hawan jinin ido ne. Ya bayyana mana cewa ganin yakan riƙa tsukewa daga gefe zuwa tsakiya, maganin ɗigawa yana rage saurin abin, amma abin da ya tafi ba ya dawowa. Daga ranar tafiyar ta daina zama abin da za a yi idan an samu sarari.

Abu na farko da mai shirin irin wannan tafiya zai daidaita shi ne lokaci, a nan kuwa kalanda uku ke ja-in-ja. Dutse ya fi daɗin shiga da sanyi, daga Nuwamba zuwa Fabrairu, sai dai lokacin hazo ne, hazo kuwa yakan shafe nisa, ya mai da dutse da sama launi ɗaya, kuma a lokacin balen ta riga ta koma kudu. Da damina iska takan wanke, duwatsu su fito baƙi wuluk, ciyawa ta tsiro a kwari, amma koramu kan taso ba sallama su yanke hanya. Duk ɗan Agadas ya tuna abin da ruwan Telwa ya yi wa gari a farkon Satumban 2009. Kalanda ta uku ita ce ta lakwal, wadda ke buɗewa a farkon Oktoba. Idan aka ɗora ukun bisa juna, abin da ya rage wa malami watan Satumba ne kawai.

Satumban 2023 muka fara sawa. Ran 26 ga Yuli aka yi juyin mulki, aka rufe iyakoki, gadar da ta haɗa Gaya da Malanbil ta zama bango. Muka ɗaga zuwa 2024, sai aka yi daminar da ta rusa gidaje a faɗin ƙasa, ta kayar da tsohon masallacin Damagaram, har buɗe makarantu sai da aka jinkirta zuwa 28 ga Oktoba. Duk ɗagawar da aka yi, nakan lura da yadda Baba ke ƙara juya kai gaba ɗaya kafin ya ga wanda ya yi masa sallama daga gefe.

Abu na biyu shi ne jagora. Aminin Baba, wanda muke kira Kawu, Ba'abzine ne da ya shekara 20 yana yawo da Turawa cikin katkat ɗinsa. Na kai masa takardata mai ɗauke da sunayen wurare, ya sa aka karanta masa, ya yi dariya. Na rubuta Itaciyar Tenere, wadda ta tsaya ita kaɗai cikin rairayi har wata mota ta buge ta a 1973, aka kai gangar jikinta gidan tarihi na Boubou Hama a Yamai, aka kafa ta ƙarfe a gurbinta. Na rubuta Gadufawa, maƙabartar manyan dabbobin da, inda Philippe Taquet ya yi tono tun shekarun 1960, Paul Sereno kuma ya biyo baya ya fito da ƙasusuwan wani kada da ya ninka na yau girma. Na rubuta Gobero, wurin da aka gano a 2000, mai kaburbura wajen 200 na mutanen da suka rayu a bakin tafki suna kamun kifi. Kawu ya ce, “Ɗana, Tenere ba a shigarta da mota ɗaya, ba a kuma shigarta da tsoho mai ciwon ido. Soke waɗannan.” Na soke.

Abin da ya bar mini wuri biyu ne. Na farko Dabus, kusan tsakiyar hanyar Agadas da Arlit, inda aka sassaƙa raƙuman dawa biyu a jikin dutse shekaru dubbai da suka wuce, babban ya kai mita 5 da ɗoriya. Yawancin mutanen garinmu kwafin ƙarfen da aka ajiye a filin jirgin sama na Mano Dayak kawai suka sani. Na biyu Timiya, kilomita 200 da ƴan kai arewa maso gabas, hanyar da ba kwalta, mai cin wuni guda. Can akwai lambunan lemo da rumman a tsakiyar baƙaƙen duwatsu, da magangarar ruwa, da tsohuwar kagarar sojan Faransa a kan tudu wadda daga kanta ake hangen kwarin duka. In hali ya yi, daga nan a leƙa kufan Asode, tsohon birnin Abzin. Kawu ya lissafa sharuɗɗansa: tayar ajiya 2, jarkar ruwa da ta mai fiye da abin da lissafi ya nuna, shebur, da sanar da hukuma kafin a fita. Ba a kwana a cikin korama ko da sama tas take, domin ruwan da zai tafi da mutum a wani dutse mai nisa ya sauka. Ba a barin sawun da motoci ke bi, saboda nakiyoyin da aka binne lokacin tawaye. Ya kuma tuna mini cewa a 2025 an sace Turawa mata biyu a cikin garin Agadas kansa, don haka ranar fita da hanyar da za a bi ba zancen fada ba ne.

Ɗaukar hoto kuwa a wurinsa na koyi rabinta, shi da bai taɓa riƙe kyamara ba, illa dai ya shekara 20 yana kallon inda masu ita ke cewa a tsaya. Da tsakar rana ba a samun komai, haske yakan daki dutse daga sama ya kashe inuwa. Sa'a guda bayan fitowar rana da sa'a guda kafin faɗuwarta su ne lokacin aiki. Zanen Dabus ma sai haske ya zo masa daga gefe kafin layukan su fito, kuma ba a taka shi, ba a zuba masa ruwa ko a bi shi da alli don ya fito a hoto. Ba a sauya madubin kyamara a cikin iska, a naɗe ta da rawani idan ba a aiki da ita. A tsayar da mutum ko raƙumi a gefen hoton, in ba haka ba mai kallo ba zai san girman dutsen ba. Ba a ɗaukar mace a bakin rijiya sai da izininta, ba a kuma nuna kyamara wajen soja ko shingen jandarmomi. Na ƙara da ƙaramin faranti mai ɗaukar hasken rana don cajin batir.

Zango na biyu ya fi tsawo. Daga Agadas zuwa Tawa kilomita wajen 400 ne a kan hanyar da aka shimfiɗa don jigilar yuraniyam, sai Ƙwanni, sai Doso, sai Gaya, a ƙetare kogin Isa, a bi Kandi da Faraku har Kwatano: jimilla kusan kilomita 1,700. Ita ce hanyar Baba, ya san kowace tasha da mai abincinta na wancan zamani. A 2024 matafiya kan sauka daga bas a Gaya, su haye kogi cikin kwalekwale, su hau wata motar a Malanbil. Satumba kuwa lokacin cikar kogi ne, ban ga yadda zan sa tsohon da ba ya ganin gefensa cikin jirgin da aka cika maƙil ba. Akwai hanyar Najeriya, wadda aka sake buɗe iyakarta a Maris ɗin 2024: a bi Damagaram da Kano, a gangara Ikko, a shiga Benin ta Seme. Ta fi nisa, ta fi kuma cin kuɗi. Wadda za mu bi sai makon tashi zan yanke, bayan na ji ta bakin direbobin da suka dawo. Tun da Nijar ta fita daga ƙungiyar CEDEAO a Janairun 2025, ban dogara da katin shaida kawai ba, na yi mana fasfo, na kuma sabunta katin rigakafin shawara.

Wani abin da na gano ina nazarin taswira shi ne, hanyar nan ta Baba a kan tsohon gindin teku take tafiya. Tsakanin shekara miliyan 100 da miliyan 50 da suka wuce, wani teku marar zurfi ya sha ratsa Sahara, ya mamaye ƙasar Adar da Sakkwato. Farin dutsen da ake siminti da shi a Malbaza ragowar halittun wannan ruwa ne, a tuddan Adar kuma har yau ana tsintar bawon dabbobin teku da suka zama dutse. Kakannin balen ma sun bar sawu a yankinmu: a 1920 aka bayyana ƙasusuwan wata daga Ameki a kudancin Najeriya, a 2014 kuma aka bayyana wata daga ramin haƙar fosfat na Togo, masu ƙafafu ne a wancan zamani. Masana sun tabbatar cewa a cikin dabbobin da ke raye, dorina ce ƴar uwar balen mafi kusa. Da na gaya wa Baba haka, sai ya ce ashe da a Ayoru ya ce ya ga ƙanwarta, da ba wanda ya yi masa dariya.

Saura tsarin zangon, kuma a nan ne na kama kaina da laifi. A takardata dutse na sa farko, teku daga baya. Na ba kaina hujja cewa gwamma in gwada kyamara a kusa da gida kafin in kai ta nesa. Wani dare ina karanta wa Baba tsarin, ya saurara har na gama, sannan ya ce, “Mushe, dutsen nan yana nan tun kafin kakana, zai kuma jira jikanka. Idona fa?” Na ce, “Ku yi haƙuri, Baba, ban duba ta nan ba.” Gaskiyar magana ita ce na duba, hotunan da nake mafarkin ratayawa a bangon aji ne suka rufe mini ido. Da na sake lissafi sai na ga ko ta fuskar yanayi shi ke da gaskiya: farkon Satumba koramu na gudu, ƙarshensa sun fara lafawa, balen kuwa tana nan duk watan. Idan wani abu ya tilasta a yanke tafiyar biyu, zangon da za a iya maimaitawa baɗi shi ya kamata ya zo ƙarshe.

Na san teku ba ta yi wa kowa alkawari ba. Masu fita da baƙi daga Kwatano kan wuni a ruwa su dawo ba su ga komai ba, shi ya sa na ware kwana 4 a can, da kuɗin fita sau 2. Na karanta cewa ba a matsa mata, ba a shiga tsakanin uwa da ɗanta, kuma mai ɗaukar hoto ya sa kyamara a saurin ƙiftawa mafi girma, ya jira lokacin da za ta lanƙwasa doro ta ɗaga wutsiya kafin ta nutse. Zanen da ke ƙarƙashin wutsiyar kowace daban yake, da shi masu bincike ke gane su ɗaya bayan ɗaya shekara da shekaru. Amma hoton da nake nema ba na wutsiya ba ne. So nake in tsaya bayan Baba, in sami rawaninsa a gefe ɗaya, tururin numfashin a ɗaya gefen, domin ya samu shaidar da ya ce babu a hoton Bature. Daga cikin waɗanda suka laƙaba masa sunan, uku ne suka rage a fadar.

Ga ƴan uwana malamai da shugabannin ƙungiyoyin al'adu ina da roƙo ɗaya. Ba kowa zai kai ɗalibansa teku ba, amma Dabus tafiyar wuni ce, a je a dawo. Tsofaffin ƴan jagora irin Kawu suna nan zaune a gari, da sunan kowane dutse da kowace rijiya a kansu, ba mai tambayarsu. Idan kwaleji biyu ko uku suka haɗa kuɗin mai, suka nemi izinin hukuma da rakiyar da ta dace, aji guda zai ga abin da kakanninsa suka sassaƙa, ya ɗauki hotonsa da hannunsa, a buga a ajiye a ɗakin karatu da sunan wuri da ranar ɗauka. Masu iya magana sun ce gani ya kori ji, mu kuwa mun daɗe muna koyar da ƙasarmu da ji kawai.

Yanzu dai fasfo biyu na cikin akwati, tare da maganin ɗigawa na wata biyu da takardar likita. Kawu ya sauke injin katkat yana wankewa. Inna ta fara daka dakuwa da ƙulla cuku, tana mita cewa tsoho da ɗansa sun haukace. Baba kuwa abu ɗaya ya ce kada in manta, lemon tsami mai yawa, domin wancan karon amai ya hana shi kallon abin yadda ya kamata. Allah ya kai mu Satumba da rai da lafiya, ya buɗe hanya, ya kuma bar masa sauran ganin da zai isa.